Yadda Ake Gina Juriya Ga Mai Gudu, Mai Keke Da Mai Iyo

Yawancin waɗanda suka fara atisayen juriya suka watsar, abu ɗaya ne ya kā da su: sun ɗauka jiki yana canzawa gaba ɗaya a lokaci guda. Alhali kowane sashe da nasa lokacin. Jini yakan sauya cikin kwanaki, tsoka cikin makonni, zuciya cikin watanni, agara da ƙashi kuwa su ne 'yan baya. Mutum zai ji numfashinsa ya daidaita a mako na uku, ya ga ai ya iso, ya ninka tafiyar, a mako na shida sai ga shi yana ɗingishi da ciwon ƙwauri. Duk tsarin da ke ƙasa an gina shi ne a kan wannan bambancin lokaci.

Abin da ke faruwa a ciki

Sauyin farko a jini yake. Cikin mako ɗaya zuwa biyu ruwan jini yakan ƙaru da kusan kashi 10 cikin 100, wani lokaci fiye. Da ƙaruwarsa zuciya kan cika sosai kafin ta buga, kowane bugu ya tura jini mai yawa, shi ya sa bugun ke raguwa a saurin da ka saba. Wannan ne sauƙin da sabon shiga ke ji da wuri, kuma shi ne ke yaudararsa.

Sauyi na biyu a cikin ƙwayoyin tsoka yake, a wasu 'yan halittu da ake kira mitokondiriya. Su ne murhun tsoka: a nan ake ƙona kitse da sukari da iskar oksijin a fitar da kuzari. A 1967 John Holloszy na Jami'ar Washington da ke St. Louis a Amurka ya sa ɓeraye gudu a kan injin, yana ƙara musu har suka kai awa biyu a rana, kwana biyar a mako. Da ya duba tsokarsu sai ya tarar sinadaran ƙona abinci na mitokondiriya sun kusan ninkawa. Masu bincike kafin shi ba su ga wannan ba saboda aikin da suke ba dabbobin ya yi sauƙi kuma ya yi gajarta. Daga baya aka gano yadda saƙon ke tafiya: idan kuzarin ƙwayar tsoka ya ja baya, wani sinadari mai suna AMPK yakan farka, shi da wasu su tayar da PGC-1α, wanda ke ba da umarnin ƙera sababbin mitokondiriya. Saƙon kowane atisaye sa'o'i kawai yake yi ya lafa. Abin da ke tara shi ya zama gini shi ne maimaitawa, don haka fita huɗu a mako ta minti talatin-talatin ta fi fita ɗaya ta awa biyu.

Amfanin yawan mitokondiriya shi ne tsoka ta koyi dogaro da kitse. Jiki na ajiye sukari a siffar gilaikojin, kimanin giram 400 zuwa 500 a tsoka da kusan giram 100 a hanta, jimilla wajen kalori 2,000. Kitse kuwa ko a jikin siriri ya kai dubban kalori goma-goma. Wanda ya horu yana ƙona kitse da yawa a saurin da sabon shiga ke cinye sukarinsa, sai gilaikojin ɗinsa ya daɗe. A makonnin nan ne kuma ƙananan jijiyoyin jini ke yaɗuwa a kewayen zaren tsoka, daga baya ɗakin hagu na zuciya ya faɗaɗa. Manyan 'yan tsere da yawa bugun zuciyarsu a kwance bai wuce 40 a minti ba.

Mataki na ɗaya: san inda kake

Idan kana da ciwon zuciya, hawan jini da ba a shawo kansa ba, ciwon suga, ciwon ƙoda ko sikila, ko ka taɓa jin ciwon ƙirji, jiri ko suma yayin aiki, ga likita kafin komai. Haka mai juna biyu, da wanda ya manyanta ya daɗe bai motsa ba.

Sannan ka ɗauki ma'auni biyu. Na farko bugun zuciya da safe kafin ka sauko daga gado: ɗora yatsu biyu a wuyan hannu, ƙirga na minti guda, kwana uku a jere, ka ɗauki matsakaici. Na biyu gwajin da Kenneth Cooper ya fitar a 1968 don sojojin saman Amurka, wato iya nisan da za ka ci cikin minti 12 a shimfiɗaɗɗen fili da aka auna. Cire 505 daga adadin mitocin, ka raba da 44.7, abin da ya fito shi ne ƙiyasin VO2max ɗinka, wato iyakar oksijin da jikinka ke iya amfani da shi a minti ga kowane kilo na nauyinka. Wanda ya ci mita 2,200 zai samu wajen 38. Saurayin da ba ya atisaye yakan faɗa tsakanin 35 da 45, zakarun dogon zango kuma daga 70 zuwa sama da 80. Idan ba ka taɓa gudu ba, ka bar wannan gwajin sai bayan mako huɗu. Babu abin da zai gaya maka yanzu face cewa ka gaji.

Mataki na biyu: nemo saurin sauƙi

Nan ne aikin yake, kuma nan ne mutane suka fi yin gardama da shi. Stephen Seiler, masanin da ke aiki a Nowe, ya bi kundin atisayen manyan 'yan wasan juriya, masu gudun kan ƙanƙara da masu tuƙin kwalekwale da sauransu, ya ga kusan kashi 80 cikin 100 na fitarsu a sauƙaƙe suke yinta, ragowar ce kawai mai tsanani. Mai koyo kuwa yakan maƙale a tsakiya kullum. Saurinsa ya wuce na hutawa, bai kuma kai na ƙure kai ba, sai ya kwashi gajiyar duka biyun ba tare da cikakken amfanin ko ɗaya ba.

Hanya mafi araha ta gane saurin sauƙi ita ce magana. Idan kana iya faɗin cikakkiyar jimla ba tare da ka tsaya jan numfashi ba, kana daidai. Idan kalma uku-uku kake iya fitarwa, ka wuce. Ga mutane da yawa wannan na nufin sassarfar da ba ta fi tafiya mai sauri ba, ko ma tafiyar kanta a kan tudu. Kunya ce ke hana mutane yarda da hakan, musamman idan wani ya wuce su a hanya. Ka bar shi ya wuce.

Mai agogon auna bugu zai iya lissafi. Da farko a ƙiyasta ƙololuwar bugun zuciya, wato iyakar bugun da zuciya ke iya yi a minti. Ƙa'idar da aka fi sani ita ce a cire shekaru daga 220, amma wadda Hirofumi Tanaka da abokan aikinsa suka fitar a 2001 ta fi dacewa da manya: ninka shekarunka da 0.7, ka cire daga 208. Ɗan shekara 30 zai samu 187. Daga nan sai tsarin Karvonen: cire bugun safiya daga wannan adadi. Idan na safiyar 67 ne, saura 120. Kashi 60 zuwa 70 na 120 shi ne 72 zuwa 84, ka mayar da 67 ɗin a kai, ka samu 139 zuwa 151. Tsakanin nan ne zangon sauƙinsa. Sai dai duk waɗannan ƙiyasi ne, suna iya kaucewa da bugu goma sama ko ƙasa. Zafi, rashin barci da ƙishirwa ma suna ɗaga bugu. In agogo da numfashinka suka saɓa, bi numfashin.

Mataki na uku: makonni takwas na shimfiɗa

Makonni huɗun farko, fita uku ko huɗu a mako, kowace minti 20 zuwa 30, kada ka jera kwana uku ba hutu. Sabon mai gudu ya haɗa da tafiya: sassarfa minti ɗaya, tafiya minti biyu, a maimaita. Kowane mako a tsawaita sassarfar a rage tafiyar. Mai keke da mai iyo suna iya fara da ɗan fiye da haka tunda ƙafarsu ba ta dukan ƙasa.

Daga mako na biyar zuwa na takwas, zaɓi rana ɗaya ka riƙa ƙara mata minti biyar zuwa goma duk mako har ta kai awa guda, sauran ranakun su tsaya wajen minti 30 zuwa 40. Doguwar fitar nan ce ke tura tsoka ga kitse, domin yayin da zaren tsokar da suka fara aiki ke gajiya, jiki na kiran wasu da ba su saba shiga ba, su ma su samu rabonsu na horo.

Za ka ji ana cewa kada a ƙara fiye da kashi 10 cikin 100 a mako. Shawara ce mai kyau don taka wa zumuɗi birki, amma ba kariya ba ce tabbatacciya. Wani bincike da aka yi a Groningen ta ƙasar Holan kan sababbin masu gudu, aka buga a 2008, ya tarar waɗanda suka bi wannan ƙa'ida sun ji rauni daidai da waɗanda ba su bi ba, kusan mutum ɗaya cikin biyar a kowane ɓangare. Abin da na fi amincewa da shi shi ne abu biyu: kada ka ƙara nisa da sauri a mako guda, kuma kowane mako na huɗu ka rage jimillar aikin da kusan kashi ɗaya cikin uku. Makon ragin nan na agara ne da ƙashi, waɗanda jini bai wadace su kamar tsoka ba, gyaransu kuma a hankali yake tafiya.

A wannan zangon ne kuma za ka shigar da aikin ƙarfi sau biyu a mako, minti ashirin ya isa: tsugunno da miƙewa, hawa matakala da ƙafa ɗaya, ɗaga diddige don sha-raɓa, da aikin ciki da baya. Hukumar Lafiya ta Duniya a shawarwarinta na 2020 ta ce babba ya samu minti 150 zuwa 300 na matsakaicin motsa jiki a mako, ko 75 zuwa 150 na mai tsanani, tare da aikin ƙarfi na kwana biyu. A ƙarshen mako na takwas ka shiga wannan sahu.

Mataki na huɗu: ranar wuya

Yanzu ne za a taɓa rufin, wato VO2max. Fita ɗaya a mako za ta zama mai tsanani, kuma tsarin da ya fi samun shaida shi ne na huɗu-sau-huɗu da Jan Helgerud da abokansa suka gwada a Trondheim ta ƙasar Nowe, aka buga a 2007. Ɗumama jiki minti goma. Sai minti huɗu a kashi 90 zuwa 95 na ƙololuwar bugun zuciya, sai minti uku na sassarfa mai laushi, a yi haka sau huɗu, a rufe da minti biyar na hucewa. Waɗanda suka yi shi sau uku a mako har mako takwas VO2max ɗinsu ya ƙaru da kusan kashi 7 cikin 100. Kai sau ɗaya ya ishe ka a farko, kuma ka fara da zagaye biyu ko uku.

Kuskuren da aka fi yi shi ne a ɓarke da gudu a minti na farko. Bugun zuciya yakan ɗauki minti ɗaya zuwa biyu kafin ya hau, don haka wanda ke kallon agogo yana neman adadin nan take zai ƙone kafin zagaye na uku. Ma'aunin shi ne zagayen ƙarshe ya yi sauri daidai da na farko, ka gama kana jin da an matsa maka za ka iya ƙara ɗaya. Ga ɗan shekara 30 ɗin nan na sama, adadin zai kai wajen 168 zuwa 178 a rabin ƙarshe na kowane zagaye.

Bayan wata guda ka riƙa musanya wannan da wani nau'in: minti 20 a jere, ko minti goma sau biyu, a saurin da za ka iya riƙewa na kusan awa guda in tsere ake. A nan ne lakteit, wani sinadari da tsoka ke fitarwa idan tana ƙona sukari, ke fara taruwa a jini fiye da yadda jiki ke kwashe shi, kuma horo a wannan iyaka yana matsar da ita gaba. An daɗe ana ɗora wa lakteit laifin ciwon da ake ji kwana biyu bayan atisaye, amma ba shi da hannu a ciki, domin cikin awa guda ko makamancin haka yake komawa daidai. George Brooks na Jami'ar Kalifoniya a Berkeley ya nuna tun shekarun 1980 cewa makamashi ne, zuciya da sauran tsokoki suna ƙona shi, hanta kuma na mayar da shi sukari. Ciwon bayan kwana biyu daga 'yan ƙananan yagewar zaren tsoka yake zuwa.

Akwai gajerun tsare-tsare irin na Izumi Tabata na 1996, daƙiƙa 20 na aiki da 10 na hutu sau bakwai zuwa takwas. Suna aiki, amma a binciken asali an yi su ne da tsananin da ya zarce VO2max nesa, kuma mahalarta ba sababbin shiga ba ne. Abin da ake tallatawa da sunansa a yau yawanci bai kai wannan wuyar ba.

Mataki na biyar: ci da sha

A 1966 wasu masana biyu 'yan Suwidin, Jonas Bergström da Eric Hultman, suka zauna a gefe biyu na keke ɗaya, kowanne yana tuƙi da ƙafa guda har ƙarfinta ya ƙare. Suka ci abinci mai yawan sitaci na kwana uku suna ɗiban tsokarsu da allura suna aunawa. Ƙafar da ta yi aiki ta tara gilaikojin kusan ninki biyu na wadda ta huta. Tsokar da aka wahalar ita ce ke buɗe ƙofa ga sukari, kuma ta fi yin haka a sa'o'in farko bayan aiki.

A aikace, fitar da ba ta kai awa guda ba ba ta buƙatar komai sai ruwa. Mai yin kusan awa guda a rana yana buƙatar sitaci giram 5 zuwa 7 ga kowane kilo na nauyinsa a yini, da furotin giram 1.2 zuwa 2. Idan fita ta haura awa ɗaya da rabi, a ci sukari giram 30 zuwa 60 a kowace awa, kuma a saba wa ciki da hakan tun a atisaye, kada ranar tsere ta zama ranar gwaji.

Tunda horo na koya wa jiki ƙona kitse, wasu sun ce a yanke sitaci gaba ɗaya a gaggauta abin. Louise Burke ta gwada haka a Ostireliya da zakarun tseren tafiya, aka buga a 2017. Bayan mako uku ƙona kitsensu ya hau ƙwarai, amma sai suka riƙa cin oksijin fiye da da a sauri ɗaya, kuma lokacinsu na tsere bai inganta ba, alhali na waɗanda suka ci sitaci ya inganta. Dalilin a bayyane yake: kitse ya fi sukari cin oksijin kafin ya ba da kuzari daidai da nasa. Fita mai sauƙi kafin karin kumallo lokaci-lokaci ba laifi, amma ranar wuya a je ta da ciki a ƙoshe.

Batun ruwa, sha gwargwadon ƙishirwa. Auna nauyinka kafin doguwar fita da bayanta: kowane kilo da ya ragu kusan lita guda ce ta gumi. Yawan sha ma haɗari ne. A gudun fanfalaki na Boston na 2002, kashi 13 cikin 100 na waɗanda aka gwada gishirin jininsu ya faɗi ƙasa da ƙa'ida, kuma babbar alamar ita ce nauyinsu ya ƙaru a hanya saboda shan da ya wuce kima. A yanayin zafi kuwa, jiki na buƙatar kwana bakwai zuwa goma sha huɗu kafin ya saba, a kwanakin nan a rage sauri da nisa.

Wanda ya shigo don rage ƙiba ya san cewa sikeli ba zai bi lissafin agogonsa daidai ba. Herman Pontzer ya auna mafarautan Hadza na Tanzaniya, masu yini suna tafiya, ya tarar kuzarin da suke ƙonawa a rana, in aka yi la'akari da girman jiki, bai yi nisa da na mazauna biranen Turai da Amurka ba. Jiki na rage kashewa a wani wuri idan aka ƙara masa a wani. Wannan bai rage amfanin atisaye ga zuciya da sukarin jini ba. Haɗarin shi ne mutum ya ƙara gudu ya kuma matse abinci lokaci guda. Ga mace, ɗaukewar al'ada alama ce ta cewa abincin bai isa ba, kuma ƙashi ne ke biyan bashin.

Mataki na shida: karanta alamomi

Barcin awa bakwai zuwa tara yana cikin tsarin, kamar yadda ranar wuya take ciki. Idan bugun safiya ya haura abin da ka saba da biyar zuwa goma kwana biyu ko uku a jere, ga nauyin ƙafa da rashin barci da saurin fushi, mayar da ranar wuya ta sauƙi ko ka huta. Ciwon tsoka da ya bazu a ƙafafu biyu, yake sakin ka bayan ɗumi, ba abin damuwa ba ne. Wanda ya tsaya wuri guda a kan ƙashi, kana iya nuna shi da yatsa, yana ƙaruwa da gudu, wannan a tsaya a nemi likita. Da zazzaɓi ba a atisaye ko kaɗan.

Mataki na bakwai: sake aunawa, da abin yi in hanya ta yanke

Bayan mako goma sha biyu maimaita gwajin minti 12 a fili ɗaya, lokaci ɗaya na yini. Kada ka gwada sakamakonka da na abokinka. A binciken HERITAGE da Claude Bouchard ya jagoranta, ɗaruruwan mutane daga iyalai daban-daban sun bi tsari guda na mako 20, matsakaicin ƙarin VO2max ya kai wajen kashi 19 cikin 100, amma wasu kusan ba su motsa ba, wasu kuma sun ninka wannan, kuma kusan rabin bambancin gado ne. In adadinka bai motsa ba, duba sauran: bugu nawa kake yi yanzu a saurin da ka fara da shi, minti nawa kake iya riƙewa. Sau da yawa can ne ci gaban ya ɓuya. In nan ma shiru, ƙara fita ɗaya mai sauƙi a mako kafin ka yi tunanin ƙara ta wuya.

Tafiya, aiki ko rashin lafiya za su katse ka wata rana. Abin da aka samu da wuri shi ke fara tafiya: ruwan jini na raguwa cikin kwanaki, kuma Edward Coyle ya nuna a 1984 cewa horarrun da suka daina atisaye sun rasa kusan kashi 7 cikin 100 na VO2max cikin mako ukun farko, kusan 16 bayan wata uku. Kwanciya gaba ɗaya ta fi haka muni. A birnin Dallas na Amurka a 1966 an kwantar da samari biyar 'yan shekara 20 a gado na mako uku, ƙarfinsu ya faɗi da fiye da kashi ɗaya cikin huɗu, kuma da aka sake auna su bayan shekara 30 sai aka ga tsufan bai rage musu abin da gadon ya rage ba. Riƙewa kuwa ya fi ginawa sauƙi. Gwaje-gwajen Robert Hickson a farkon shekarun 1980 sun nuna ana iya rage yawan ranaku ko tsawon fita da kashi biyu cikin uku har mako 15 ba tare da VO2max ya faɗi ba, muddin ba a rage tsanani ba. Don haka a makon da lokaci ya ƙure, fita biyu gajeru sun isa, ɗaya ta ƙunshi zagaye masu wuya. In kuwa ka yi mako biyu ko fiye ba ka fita ba sam, koma da rabin abin da ka bari, duka a saurin sauƙi, ka jinkirta ranar wuya sai mako na biyu ko na uku.